Kada Ɓarawo Ya Ƙera Maka Makullin Rumbu

Akwai wata ɗabi'a da ta zama ruwan dare a ofisoshinmu na Zongo da sauran unguwannin Lome, har ta kai idan ka yi magana a kanta sai a dube ka kamar wanda ya zo da baƙon addini. Ɗabi'ar ita ce aiki da fasasshiyar manhaja, wadda yaranmu masu sana'ar kwamfuta ke kira kirak. Manhaja ce ta kuɗi da wani wanda ba ka sani ba ya fasa mata kwado, ya cire wurin da take neman lasisi, ya watsa ta a intanet ga duk mai so. A shagunan gyaran kwamfuta ana zuba maka ita a filas da kuɗin da bai kai na cefanen wuni ɗaya ba. Kowa na yi, kowa na yaba wa kansa da wayo.

Maganata a yau a kan nau'i ɗaya take, wanda ya fi dukkansu haɗari: fasasshiyar manhajar kula da rumbun bayanai. Ra'ayina a taƙaice shi ne, duk wanda ya buɗe rumbun bayanan jama'a da irin wannan manhaja ya ci amanarsu tun kafin a saci ko sisi, kuma maigidan da ya bar shi ya yi, tare suka ci.

Bari in fara da bayanin abin da ake nufi, saboda iyayenmu da ba su saba da waɗannan kalmomi ba. Duk inda ka je aka tambaye ka sunanka, aka danna kwamfuta, sai ga labarinka ya fito a allo, to akwai rumbun bayanai a bayan wannan allon. Asusun ajiya da lamuni da matanmu ke zuba adashe yana da shi. Asibitin kuɗi na unguwa yana da shi, ciki akwai sakamakon gwajin jinin da mutum bai gaya wa ko matarsa ba. Makarantar Faranko-Arab tana da shi, da sunayen yara da lambobin iyayensu. Kamfanin motocin safa da ke zirga-zirga tsakanin Lome da Yamai ya san wanda ya yi tafiya da ranar da ya bar gidansa. Ofishin masu fiton kaya daga tashar jirgin ruwa ya san abin da ke cikin kwantenar kowane Alhaji da kuɗin da ya biya. Masu jigilar alhazai kuwa hotunan fasfo ne jibge a wurinsu.

Magatakardar da ke zaune a kanta asusun mutum ɗaya take gani a lokaci guda, kuma abin da aka ba ta izini kaɗai take iya taɓawa. Amma akwai wani mutum guda, wanda muke kira enformatisiyan, da ke shiga rumbun ta ƙofar baya idan abu ya lalace. Yana shiga da manhaja ta musamman, irin su Navicat ko Toad ko DataGrip. A cikin wannan manhaja ake rubuta adireshin babbar kwamfutar da ke ɗauke da rumbun, da sunan shiga, da kalmar sirri, kuma yawanci ana barin ta ta riƙe su don kada a yi ta rubutawa kullum. Wanda ya shiga ta wannan ƙofa yana iya karanta komai, ya kwafe komai, ya mayar da bashin dubu ɗari biyar ya koma dubu hamsin, ko ya share rumbun baki ɗaya cikin minti guda. Wannan manhaja ita ce makullin gidan gaba ɗaya. To ita ce muke zuwa mu karɓo daga hannun wanda sana'arsa fasa kwado.

Ba sai ka yi karatun kwamfuta ba kafin ka gane akwai lauje cikin naɗi. Karanta umarnin da ke zuwa tare da kirak ɗin kawai. Na farko, a ce ka kashe manhajar riga-kafin da ke gadin kwamfutarka, wai ƙarya take yi idan ta yi ihu. Na biyu, a ce ka ba wa ɗan fayil ɗin cikakken iko a kan kwamfutar. Na uku, a ce ka toshe hanyar da manhajar ke magana da kamfanin da ya yi ta. Na huɗu, a gargaɗe ka kada ka kuskura ka sabunta ta. Yanzu Alhaji, ka ɗauka wani baƙo ya same ka da daddare a ƙofar sitonka, ya ce ga kwado mai kyau kyauta, amma da sharaɗi: ka sallami maigadi, ka bar ni in shiga in ɗaura shi da kaina ba mai kallona, kada ka nuna wa maƙerin da ya ƙera shi, kuma kada ka taɓa canja shi. Wallahi ko yaron shago ba zai yarda ba. Amma abin da ake yi ke nan da rumbun da ke ɗauke da dukiyar mutum dubu.

Akwai kuma batun hatimi. Kamfanonin kirki suna sa wa manhajarsu wani sa hannu na lissafi, wanda kwamfuta ke dubawa ta tabbatar ba a taɓa ko harafi ɗaya ba tun da ta fito daga wurinsu. Fasa manhaja yakan karya wannan hatimi. Daga nan ba wanda zai iya rantse maka cewa lasisi kaɗai aka cire, ba a cusa wani abu ba. Buhun da aka riga aka farke, sai mai farkewa ya san abin da ya zuba a ciki.

Kada wani ya ce tsoratarwa ce irin ta 'yan rediyo. Ga abubuwan da suka faru. A watan Satumban 2021 masu bincike suka gano wata muguwar manhaja da aka sa wa suna ZuRu, wadda aka ɓoye cikin kwafin jabu na kayan aikin masu kula da manyan kwamfutoci, ciki har da Navicat da SecureCRT, ana yaɗa su ta shafukan bogi a ƙasar Sin. A watan Janairun 2024 kamfanin Jamf ya sanar da cewa ya samu fasassun kwafin Navicat Premium da UltraEdit da FinalShell da SecureCRT da Microsoft Remote Desktop a wani shafin satar manhajoji, an dasa musu ƙofar sirri da ke ba mai ita damar sarrafa kwamfutar daga nesa. Ku dubi jerin da kyau. Dukkansu kayan aikin masu riƙe da makullai ne. Ɓarawon ya san abin da yake nema. Idan ya kama kwamfutar ɗalibi, hotuna zai samu da 'yan kalmomin sirri. Idan ya kama ta enformatisiyan, ya samu kamfani sukutum.

Babban misali shi ne abin da ya faru da abokan cinikin Snowflake, wani kamfanin Amurka da ke ajiye wa manyan kamfanoni rumbunan bayanansu. A watan Yunin 2024 masu bincike na Mandiant suka bayyana cewa an sanar da kamfanoni da hukumomi kimanin 165 cewa mai yiwuwa an shiga rumbunansu. Ɓarayin ba su fasa katangar Snowflake ba. Da kalmomin sirri na gaskiya suka shiga, waɗanda wasu ƙwayoyin cutar kwamfuta masu satar bayanai suka kwaso, wasu tun shekarar 2020, ba a canja su ba, kuma ba a sa wa asusun wani tabbaci na biyu ba. Rahoton ya ce a lokuta da dama cutar ta fara shiga ne ta kwamfutocin 'yan kwangila, waɗanda suke aikin ofis da su, suke kuma buga wasanni da sauke fasassun manhajoji a kansu. Cikin waɗanda abin ya shafa akwai Ticketmaster da kamfanin waya na AT&T, wanda ya amsa cewa an kwashe bayanan kira da saƙonni na kusan dukkan masu amfani da layinsa, mutum wajen miliyan 110.

Ku tsaya a kan kalmar 'yan kwangila, domin mu ke nan. A Zongo ofisoshi nawa ne ke da enformatisiyan nasu na kansu? Yawanci yaro ɗaya ne ke yawo a kan babur da kwamfutar tafi-da-gidanka guda, yana duba asibiti da safe, makaranta da rana, asusun adashe da yamma. Makullan wurare biyar ko goma suna cikin jakar da ke bayansa. Da daddare a kan wannan kwamfutar zai sauke fim, ƙaninsa ya sauke wasan ƙwallo. Ƙwaya ɗaya ta shiga, gidaje goma sun buɗe.

Wani lokacin ma ɓarawon ba ya ɓoyewa. Akwai wata cuta mai suna STOP ko Djvu da ta yi shekaru tana yawo a duniya, kuma babbar hanyarta ita ce fasassun manhajoji. Tana kulle duk fayilolin da ke kwamfuta, ta bar takarda tana neman kuɗin fansa, wanda a shekarun baya dalar Amurka 980 ne, ko 490 idan an tuntuɓe su cikin awa 72. Mutum ya guje wa kuɗin lasisi, ya faɗa kuɗin fansa. An gudu ba a tsira ba.

Yanzu bari in zo kan hujjojin da ake kawo mini, domin na ji su a bakin masu kiran waya a shirye-shiryena, na kuma ji su a majalisa.

Hujja ta farko: wa zai damu da mu, me muke da shi? Wannan magana ta nuna ba a fahimci yadda satar take ba. Mai dasa cuta a cikin kirak bai san sunanka ba, bai san inda Agoe take ba. Koma ya jefa a ruwa, duk kifin da ya shiga nasa ne. Abin da ya samu sai ya kai kasuwar ɓarayi ta intanet ya sayar a dunƙule, wani ya saya ya tsince. Masu tsincewar kuwa sun san yankinmu sarai. A watan Nuwamban 2022 kamfanin Group-IB tare da Orange suka fitar da rahoto kan wani gungu mai magana da Faransanci da aka sa wa suna OPERA1ER, wanda tsakanin 2018 da 2022 ya kai hari sama da 30 kan bankuna da kamfanonin waya da cibiyoyin kuɗi, ya sace aƙalla dalar Amurka miliyan 11. Togo na cikin ƙasashen da aka lissafa, tare da Benin da Nijar da Burkina Faso da Mali da Kodebuwa da Najeriya. A 2023 aka kama wanda ake zargin jigo ne a cikinsu a Kodebuwa. Su da wasiƙun yaudara suke shiga, amma abin da suke nema bayan sun shiga shi ne ainihin abin da fasasshiyar manhaja ke miƙawa a faranti: kalmar sirrin mai babban iko.

Hujja ta biyu: shekara biyar ina aiki da ita, ban ga komai ba. To ai gwanin ɓarawo ke nan. Wancan gungu da na ambata yakan zauna cikin kwamfutocin banki wata uku har zuwa shekara yana kallon yadda ake aiki, kafin ya kwashe kuɗi a ranar hutu. Kalmomin sirrin da aka buɗe rumbunan Snowflake da su, wasu sun yi sama da shekara uku a hannun ɓarayi. Lokacin da babbar kasuwar Lome ta ƙone a watan Janairun 2013, kowa ya ga hayaƙi, kowa ya san abin da ya rasa. Satar bayanai ba ta da hayaƙi. Rumbunka na nan yadda ka bar shi, sai dai yanzu akwai kwafinsa a wata ƙasa. Sau nawa masu sauraro suka kira ni suna kuka cewa wani ya bugo musu waya, ya faɗi cikakken sunansu da inda suke ajiya da abin da suka zuba a watan jiya, suka yarda da shi, suka ba shi lambar sirrin asusun wayarsu? Irin wannan bayani ba a tsintarsa a titi. Daga wani rumbu ya fito, ko ma'aikaci ya sayar, ko an bar ƙofa a buɗe. Kuma a ƙarshe tsohuwa mai ƙosai ake zarga da wauta.

Hujja ta uku ita ce talauci, kuma ita ce kaɗai nake girmamawa. Gaskiya ne waɗannan manhajoji suna da tsada. Lasisin dindindin na babbar Navicat ya haura dalar Amurka 1,000, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake sefa 52,500 tun watan Janairun 2023. Kusan albashin shekara guda ke nan. Kamfanonin da ke yanka farashi ɗaya wa Faransa da Togo suna da nasu laifin. Amma wannan hujja ta mutu tun da daɗewa, domin a fagen rumbun bayanai kayan halal na kyauta sun fi na kuɗi yawa. DBeaver yana da sigar kyauta da ke buɗe kusan kowane irin rumbu. Mai aiki da PostgreSQL yana da pgAdmin. Mai MySQL ko MariaDB yana da MySQL Workbench da phpMyAdmin da HeidiSQL. Microsoft da kansa kyauta yake ba da SQL Server Management Studio. Navicat ɗin ma ya fitar da ƙaramar siga ta kyauta a 2024. Da waɗannan ake gudanar da rumbunan da suka ninka namu sau dubu. Saboda haka wanda ya tsallake rijiya mai tsabta a ƙofar gidansa ya je kududdufi, kada ya ce ƙishirwa ce ta kai shi. Sabo ne, da ƙyuyar koyon sabon abu, da son a ce yana da irin ta manya.

Hujja ta huɗu ta masu ɗan ilimi ce: ai ta asalin ma ana sa mata guba. Haka ne. A 2017 kamfanin Kaspersky ya gano an cusa ƙofar sirri cikin manhajojin kamfanin NetSarang na Koriya ta Kudu, irin waɗanda masu kula da manyan kwamfutoci ke aiki da su. Amma me ya biyo baya? An sanar da kamfanin, ya janye gurɓatacciyar, ya fitar da mai tsabta, aka yi shela ga duniya. Mai ta asali yana da wanda zai riƙe, yana da hanyar da gyara zai iso shi. Mai kirak ya toshe wannan hanya da hannunsa tun ranar farko. Duk ɓarakar da aka gano a manhajar daga baya, tasa na nan a buɗe har abada.

Hujja ta biyar: Turawa sun sace mu shekaru, don mun ɗauki manhajarsu ba komai ba ne. Malamai sun riga sun yi magana. Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a watan Disamban 1988, ta zartar cewa haƙƙin ƙirƙira da wallafa dukiya ce da shari'a ke karewa. Amma a ajiye wannan ma. Kamfanin da ke ƙetare ba zai ji a jikinsa ba don ka fasa manhajarsa. Wadda za ta ji ita ce gwauruwar da ke zuba sefa ɗari biyar kullum don kuɗin makarantar marayunta. Ramuwar gayya ce wadda kibiyarta ke komowa cikin gida.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne mu ne muke wannan, mu 'yan Zongo. Da me aka gina unguwar nan? Fatake daga Kano da Sakkwato da Maraɗi sukan sauka gidan maigida da shanunsu da hajarsu, su ba shi ajiyar kuɗi ba takarda ba shaida, ya tsaya musu a ciniki, ya ɗauki lamunin bashi a wuyansa. Bafaranshen mai bincike Michel Agier littafi guda ya wallafa a 1983 a kan wannan tsari na 'yan kasuwar Zongon Lome. A 1977 aka rushe tsohon Zongo na tsakiyar gari aka kwashe iyayenmu zuwa bayan gari ta arewa. Gidaje sun tafi, amma cinikin ya tsira, domin jarinsa na gaskiya amana ce, kuma katafila ba ta rushe amana. Maigidan wancan zamani ƙarƙashin matashinsa yake sa makullin ɗakin ajiya. Jikansa na yau ya sa gilasai da iyakwandishan a ofis, amma bai san wa ya ƙera makullin rumbunsa ba, bai ma taɓa tambaya ba.

Doka ma ba ta bar mu ba. Togo tana da dokar tsaron intanet mai lamba 2018-026 ta watan Disamban 2018, wadda ta kai ga kafa hukumar ANCy. Tana da dokar kare bayanan mutane mai lamba 2019-014 ta 29 ga Oktoban 2019, wadda ta ɗora wa duk mai tara bayanan jama'a nauyin tsare su da rufa musu asiri. Akwai Cyber Defense Africa, haɗin gwiwar gwamnati da kamfanin Asseco na Poland, mai kula da cibiyar CERT.tg da ake kai wa rahoton kutse. A watan Maris na 2022 a nan Lome aka yi babban taron Afirka kan tsaron intanet. Duk wannan abin yabo ne. Sai dai doka tana kwance a takarda cikin Faransanci, Alhajin da ya kamata ya ji ta kuwa da Hausa ko Kotokoli ko Zabarmanci yake lissafinsa. Ina kira ga waɗannan hukumomi su kawo saƙon gidajen rediyo da masallatai da ƙungiyoyin 'yan kasuwa, da harshen da mutane ke ji.

Ku kuma masu cibiyoyin koyar da kwamfuta, ku ji tsoron Allah. Darasin farko da yaro ke koya a wurare da yawa shi ne yadda ake kashe riga-kafi a sa kirak. Kun yaye shi da wannan tarbiyya, gobe an ba shi rumbun asibiti. Me zai hana ku koyar da PostgreSQL da DBeaver tun daga ranar farko, alhali ko sisi ba za ku kashe ba?

Iyayenmu masu gida, ba sai kun iya kwamfuta ba. Ku kira yaron da ke kula muku da ita ku yi masa tambaya huɗu. Da wace manhaja kake shiga rumbunmu, kuma daga ina ka samo ta? Idan ta kuɗi ce, ina rasidin lasisi? Kwamfutar da kake shigowa da ita, wa kuma ke taɓa ta, me kuma ake yi da ita? Ina kwafin ajiyar bayananmu, kuma yaushe aka gwada shi aka ga yana buɗewa? Idan ya fara kame-kame, kun samu amsa. Amma ku ma ku yi adalci. Wanda ke biyan enformatisiyan kuɗin man babur kawai, ya kuma hana shi kwamfutar aiki ta daban, shi ya tura shi kududdufi.

Ƙannena masu sana'ar, idan akwai kirak a kwamfutar da kuke shiga rumbun mutane da ita, goge manhajar kaɗai bai isa ba, domin abin da ta shigo da shi ba ya fita tare da ita. A share kwamfutar gaba ɗaya a sake ɗora komai daga tushe mai tsabta. A canja duk kalmomin sirrin da suka taɓa bi ta cikinta, na kowane ofis, kuma daga wata kwamfutar daban. A sa tabbaci na biyu duk inda ya yiwu. A rufe rumbun kada ya amsa wa kowa daga intanet sai adireshin da aka sani. A daina shiga da asusun mai babban iko don ƙaramin aiki. Sannan a gaya wa maigida gaskiya. Aikin wuni biyu ne, kuma ya fi sauƙi a kan tsayawa gaban mata ɗari uku kana bayanin inda adashensu ya tafi.

Hausawa sun ce araha ba ta ado, banza kuma ba ta kai zomo kasuwa. Wanda ya ɓata dare da rana yana fasa manhajar dalar Amurka dubu ya ba ka kyauta, akwai inda yake fanshewa, kuma a rumbun da aka ba ka amana yake fanshewa. Allah Ya ba mu ikon riƙe amana, Ya tsare dukiyar talakawa da asirinsu.